Omar Sy: Ɗan Leburan Da Ya Sa Faransa Dariya, Kana Ya Tuna Mata Da Bashi

Dariya iri biyu ce, kuma duk wanda ya tashi a ƙasar Hausa ya san bambancinsu ko da ba a taɓa zaunar da shi an karanta masa ba. Akwai dariyar taubasai, irin wadda ke tsakanin Bafillatani da Babarbare, ko Bakano da Bazazzagi, inda kowa yake da ikon ramawa, a yi ta zolayar juna a tashi ba wanda mutuncinsa ya zube. Akwai kuma dariyar raini, wadda kullum mutum ɗaya ake yi wa, ba shi kuwa da bakin mayarwa, domin abincinsa yana hannun masu dariyar. Baƙar fata da dama da suka hau dandalin wasa a ƙasashen Turai, irin ta biyun aka ɗauke su su jawo, ko sun so ko sun ƙi.

Omar Sy, ɗan wasan kwaikwayo na silima da talabijin a ƙasar Faransa, ta ƙofar dariya ya shigo, da ita kuma ya zama ɗaya daga cikin mutanen da Faransawa suka fi ƙauna. Abin da ya sa tarihinsa ya cancanci a tsaya a duba shi ne yadda ya sarrafa wannan farin jini bayan ya same shi. Ya yi jari da shi ya fito da labaran da ƙasar ba ta cika son ji ba, watau labaran iyayensa da kakanninsa, ya kuma ga yadda fuskokin waɗansu masoyan nasa suka sauya ran da ya yi magana ba da wasa ba.

Ɗan Unguwar Bayan Gari

An haifi Omar Sy, wanda ake furta sunansa "Si", ran 20 ga watan Janairu na shekarar 1978 a garin Trappes, kimanin kilomita 30 yamma da birnin Faris. Shi ne na huɗu cikin 'ya'ya takwas. Mahaifinsa mutumin Bakel ne, wani gari a bakin Kogin Senegal, mahaifiyarsa kuwa daga Muritaniya take. Gidansu gidan Fulani ne Musulmi, Fulatanci kuma ake yi a cikinsa, irin wanda mutanen can suke kira Pulaar. Uban leburan masana'anta ne, uwar kuma tana aikin shara da goge-goge.

Irin wannan gida ba baƙon abu ba ne a Trappes. Bayan Yaƙin Hitila, Faransa ta bukaci ma'aikata don gina gidaje da harhaɗa motoci, saboda haka ta buɗe ƙofa ga samari daga Aljeriya da Maroko da kwarin Kogin Senegal. Cikin shekarar 1974 ta rufe ƙofar ɗaukar sababbin lebura, amma aka bar waɗanda suka riga suka shiga su kawo iyalinsu. Aka zuba su cikin dogayen benaye na haya a unguwannin bayan gari, nesa da tsakiyar birni. 'Ya'yan da aka haifa a nan Faransawa ne a takarda da a baki, amma sau da yawa sunansu da adireshinsu kan hana su aiki tun kafin a ga fuskarsu.

Duk da haka unguwar ta fitar da mutane. A nan Nicolas Anelka, shahararren ɗan ƙwallon ƙafa, ya girma, haka kuma Jamel Debbouze, ɗan barkwanci wanda iyayensa 'yan Maroko ne. Omar ya san su duka tun suna yara. Shi kuwa a makaranta sana'ar gyaran na'urorin sanyaya ɗaki da na ɗumama shi yake koyo, sana'ar da ɗan lebura zai iya ci da kansa da ita. Babu wata makarantar koyon wasan kwaikwayo da ya taɓa shiga. Abin da yake da shi dai tsawo ne na kusan mita biyu, da saurin baki, da wata irin dariya mai fitowa daga ciki wadda ba a jin ta a ƙi darawa.

Daga Rediyo Zuwa Talabijin

Jamel Debbouze ne ya ja shi zuwa gidan rediyon Nova da ke Faris wajen tsakiyar shekarun 1990. A can ya gamu da Fred Testot, wani saurayi farar fata, suka ƙulla abota da sana'a, aka riƙa kiransu Omar da Fred. Daga rediyo suka bi Jamel zuwa gidan talabijin na Canal+, inda suka yi shekaru suna fitowa a ƙananan shirye-shirye kafin su sami nasu na kansu.

Shirin da ya fito da su shi ne Service après-vente des émissions, watau kamar a ce ofishin sauraron koke-koken masu kallo. An yi shi daga shekarar 2005 zuwa 2012, 'yan mintoci kaɗan da maraice. Tsarinsa mai sauƙi ne: ɗaya ya zauna yana amsa waya, ɗayan kuma ya sa hular gashi ko wata shiga ta ban dariya ya fito a matsayin mai bugo wayar, sa'an nan su yi musanya. Yau Omar ya kwaikwayi Ba'afirke mai karyayyen Faransanci, gobe Fred ya kwaikwayi Bafaranshe mai tinƙaho da ƙasarsa. Kowa yana shan zolaya, kowa kuma yana ramawa, ga shi sau da yawa dariya takan kwace musu su kasa ƙarasa maganar. Wannan ita ce dariyar taubasai, ita ce kuma ta sa mutane suka saba da fuskarsa kamar ta ɗan gida.

Ya kamata mai karatu ya tuna abin da ke faruwa a ƙasar a shekarar da aka fara shirin. Cikin watan Oktoba na 2005 waɗansu samari biyu suka mutu a wata tashar lantarki a Clichy-sous-Bois suna gudun 'yan sanda. Unguwannin bayan gari suka kama da wuta har kusan mako uku, aka ƙone dubban motoci, gwamnati ta kafa dokar ta-ɓaci. Watau a daidai lokacin da labarai ke nuna 'ya'yan waɗannan unguwanni a matsayin abin tsoro, ga ɗaya daga cikinsu yana shiga ɗakunan mutane kowane maraice suna maraba da shi.

Fim Ɗin Da Ya Sauya Kome

Waɗansu masu shirya fim su biyu, Éric Toledano da Olivier Nakache, sun daɗe da lura da shi. Sun sa shi cikin Nos jours heureux a 2006 da Tellement proches a 2009, sa'an nan suka rubuta masa babban matsayi cikin Intouchables, wanda aka fara nunawa ran 2 ga Nuwamba, 2011. Labarin wani attajiri ne mai suna Philippe wanda jikinsa ya shanye daga wuya zuwa ƙasa, yana neman mai jinya. Driss, saurayin bayan gari da bai daɗe da fitowa daga kurkuku ba, ya zo neman aikin ba don yana so ba, sai don a sa masa hannu a takarda cewa ya nema bai samu ba, ya ci gaba da karɓar kuɗin tallafin marasa aiki. Attajirin ya ɗauke shi saboda dalili guda: shi kaɗai ne bai dube shi da idon tausayi ba. François Cluzet ne ya fito a attajirin, Omar kuma ya fito a Driss.

Labarin yana da tushe na gaskiya. Philippe Pozzo di Borgo ya shanye ne cikin 1993 sakamakon haɗari a wasan shawagi da laima a sararin sama, wanda ya yi jinyarsa kuwa Abdel Sellou ne, ɗan asalin Aljeriya. Masu fim ɗin suka mai da Balaraben baƙar fata ɗan asalin Senegal, domin Omar suke so.

Abin da ya biyo baya ya wuce zaton kowa. An sayar da tikiti fiye da miliyan 19 a Faransa kaɗai, abin da a lokacin fim ɗaya tak na Faransawa ya taɓa wucewa, watau Bienvenue chez les Ch'tis na 2008. A duniya baki ɗaya ya tara fiye da dala miliyan 400. Ran 24 ga Fabrairu, 2012, a bikin ba da lambobin César karo na 37, waɗanda su ne mafi daraja a silimar Faransa, aka ba Omar Sy lambar gwarzon ɗan wasa. Cikin waɗanda ya kayar har da Jean Dujardin, wanda kwana biyu bayan haka ya karɓi lambar Oscar a Amurka. Tun da aka fara ba da César a 1976 ba baƙar fatar da ya taɓa samun wannan babbar lamba. Isaach de Bankolé, haifaffen Abijan, ya sami ta sabon ɗan wasa mai tasowa a 1987, amma ta gwarzo sai a kan Omar. A ƙarshen shekarar 2012 ƙuri'ar jin ra'ayi ta jaridar Journal du Dimanche ta sa shi a kan gaba cikin mutanen da Faransawa suka fi so.

Amma ba kowa ya yi tafi ba. Wani mai sharhi a mujallar Variety ta Amurka ya soki fim ɗin da kakkausan harshe, yana ganin tsohon hoto ne aka sake wankewa, na baƙin bara mai rawa da fara'a wanda aikinsa shi ne faranta ran ubangidansa fari. Faransawa da yawa sun ce Ba'amurken ya auna su ne da mudun ƙasarsa. Kowane ɓangare yana da abin kamawa. Gaskiya ne Driss ba ya rusuna wa kowa, yana zolayar attajirin yadda attajirin ke zolayarsa, har abotarsu ta yi kama da ta taubasai. Gaskiya ne kuma cewa mai kuɗin fari ne, mai tura keken baƙi ne, kuma 'yan kallo miliyan 19 sun fita daga silima da sanyin zuciya ba tare da an tambaye su dalilin da ya sa haka take ba. Wannan tambaya ba ta bar Omar ba, kamar yadda fina-finan da ya zaɓa daga baya suka nuna.

Cikin 2012 ya kwashe iyalinsa zuwa Los Angeles, ya zauna koyon Ingilishi. Ya sami shiga manyan fina-finan Amurka, irin su X-Men: Days of Future Past a 2014, da Jurassic World a 2015, da Inferno tare da Tom Hanks a 2016. Sai dai a can ƙananan matsayi ake ba shi, ya faɗi 'yan kalmomi ya wuce. Manyan ayyukansa a Faransa ya ci gaba da yin su. A 2014 ya fito cikin Samba, labarin wani ɗan Senegal da ya shekara goma a Faransa ba takardun zama, yana wanke kwanuka da tsintar shara da sunan aro, kullum cikin fargabar a kama shi a mai da shi gida.

Wanda Ake Mari A Yi Dariya

Fim ɗin da ya fuskanci tambayar dariya gaba da gaba shi ne Chocolat na 2016, wanda Roschdy Zem ya ba da umarni. Tarihin wani mutum ne mai suna Rafael, wanda aka haifa cikin bauta a tsibirin Kyuba wajen shekarun 1860, aka kai shi Sifen yana yaro a matsayin bara, daga bisani ya isa Faris. A can ya zama ɗan kama a babban dandalin wasanni, aka laƙaba masa suna Chocolat saboda launin fatarsa. Shi da wani Bature ɗan Ingila, George Footit, suka yi tashe a ƙarshen ƙarni na 19 da farkon na 20, har masu tallan kaya suna sa hotonsa, har 'yan'uwan nan Lumière, waɗanda suke cikin masu ƙago silima, suka ɗauki wasansu.

To, mene ne wasan? Footit ya ba da umarni, Chocolat ya yi wauta, Footit ya mare shi ko ya shure shi, jama'a su fashe da dariya. Haka kowane dare, shekara da shekaru, marin kuwa hanya ɗaya yake bi. Wannan yana faruwa ne a daidai zamanin da Faransa ke cin ƙasashen Afirka da yaƙi, saboda haka abin da 'yan kallo ke gani a dandali tabbaci ne na abin da aka gaya musu game da baƙar fata. Da yayinsa ya wuce aka manta da Rafael. Ya mutu cikin talauci a Bordeaux a 1917, aka binne shi a ɓangaren matalauta, sai da masanin tarihi Gérard Noiriel ya tono labarinsa bayan kusan shekara ɗari.

Omar ya fito a Rafael, James Thierrée kuma, jikan Charlie Chaplin, ya fito a Footit. A cikin fim ɗin akwai ranar da Rafael ya gaji ya rama marin a gaban jama'a, akwai kuma ranar da ya hau dandali ya yi wasan Othello na Shakespeare, ba da wasa ba, mutanen da suka saba yi masa tafi suka yi masa ihu. Haƙorin dariya shi ke cizo, in ji Hausawa. Ba sai an faɗa ba, mutumin da aka zaɓa a matsayin wanda ƙasa ta fi so saboda murmushinsa ya san abin da yake yi da ya ɗauki wannan labari. Kamar yana tambayar 'yan kallonsa ne ko son da suke yi masa yana da sharaɗi.

Mai Sharar Da Ba A Gani

Talabijin ce ta fito da shi, ita ce kuma ta kai shi ko'ina a duniya. Ran 8 ga Janairu, 2021, kamfanin Netflix, mai nuna fina-finai ta intanet, ya saki shirin Lupin. Arsène Lupin wani ɓarawo ne mai ladabi da iya ɓad da kama, wanda marubuci Maurice Leblanc ya ƙago cikin 1905, kuma duk Bafaranshe ya san shi da doguwar hula da farar fata. Ba a ɗauki Omar aka sa masa hular ba. Sai aka ƙago Assane Diop, ɗan wani direba ɗan Senegal da ubangidansa attajiri ya yi wa ƙagen satar sarƙar lu'ulu'u, ya mutu a kurkuku. Abin da uban ya bar wa ɗansa shi ne littafin Lupin. Bayan shekara 25 ɗan ya fito wanke sunan ubansa da dabarun da ya koya a littafin.

A kashi na farko Assane ya ɗauki aikin shara a Louvre, babban gidan adana kayan tarihi na Faris, don ya sace sarƙar a daren da za a yi gwanjonta. Ba ya bukatar rufe fuska. Rigar masu shara ta ishe shi, domin masu gadi da manyan baƙi ba sa ɗaga kai su dubi baƙar fata mai riƙe da tsintsiya. Ɗan hakin da ka raina shi ke tsone maka ido. Wanda ya tuna sana'ar mahaifiyar Omar zai fahimci cewa wannan ba dabarar marubuta kaɗai ba ce. Don tallata shirin ma, shi da kansa ya sa kayan ma'aikata da takunkumin fuska ya shiga tashar jirgin ƙasa ta ƙarƙashin birnin Faris yana manna hotonsa a bango, mutane suna wucewa ba su gane shi ba.

Netflix ya ce gidaje miliyan 76 suka kalli shirin cikin mako huɗu na farko. Littattafan Leblanc suka sake samun kasuwa, mujallar Time kuma ta sa Omar cikin mutum 100 mafiya tasiri a duniya na shekarar 2021. An saki kashi na biyu a watan Yuni na wannan shekara, na uku kuma a Oktoba 2023.

Da Harshen Uba

Da wannan ƙarfi a hannu ya kammala aikin da ya fi daɗewa a ransa. Tun suna ɗaukar Intouchables, shi da Mathieu Vadepied, wanda ya riƙe kyamara a fim ɗin, suke maganar sojojin Afirka da suka yi wa Faransa yaƙi. Gwamna Louis Faidherbe ne ya kafa rundunar a Senegal cikin 1857, shi ya sa ake kiransu 'yan bindigar Senegal, amma daga ko'ina cikin Afirka ta Yamma ta Faransa aka ɗebo su, har da ƙasar da yanzu take Jamhuriyar Nijar, kamar dai yadda Turawan Ingila suka kwashi 'yan Nijeriya zuwa Bama. A Yaƙin Duniya na Farko an ɗauki kimanin 200,000, da yawa ala tilas, kimanin 30,000 kuma ba su dawo ba.

Sakayyar da aka yi musu ba ta yi kyau ba. Ran 1 ga Disamba, 1944, a sansanin Thiaroye kusa da Dakar, sojojin Faransa suka buɗe wuta a kan waɗanda suka dawo daga fursunan Jamus suna neman haƙƙinsu na albashi. Hukuma ta ce mutum 35 suka mutu, masana tarihi da dama suna cewa sun kai ɗaruruwa, kuma sai a 2024 shugaban Faransa ya yarda a rubuce cewa kisan gilla ne. Cikin 1959 kuma aka daskarar da fanshon tsofaffin sojojin ƙasashen renon, ya zama na Bafaranshe yana ƙaruwa, na abokinsa da suka kwana rami ɗaya yana nan inda yake shekaru da dama.

Fim ɗin Tirailleurs an fara nuna shi a bikin fina-finai na Cannes a watan Mayu na 2022, ya shiga gidajen silima ran 4 ga Janairu, 2023. Omar yana cikin waɗanda suka ɗauki nauyin shirya shi, ya kuma fito a Bakary Diallo, Bafillatani makiyayi wanda aka kama ɗansa Thierno mai shekara 17 aka sa shi soja cikin 1917. Uban ya kai kansa aka ɗauke shi, ya ɓoye dangantakarsu, ba don Faransa ba, sai don ya dawo da yaron gida da rai. A fagen fama al'amari ya juye. Yaron yana jin Faransanci, uban ba ya ji. Wani laftana Bature ya ja yaron a jiki, aka ba shi igiya, ya zama shi ke ba ubansa umarni. Duk wanda ya san kunya da girmamawar da ke tsakanin Bafillatani da ɗansa zai gane nauyin wannan, haka ma duk baƙon da ya taɓa tsayawa a ofis ɗansa ƙarami yana yi masa tafinta.

Abu mafi muhimmanci shi ne harshe. Daga farko har ƙarshe Fulatanci Omar yake yi, Faransawa suna bin fassara a rubuce a ƙasan allo. Harshen da dā iyakarsa cikin ɗaki a benen Trappes, ga shi a bakin babban tauraron ƙasar, fiye da mutum miliyan ɗaya kuma suka biya kuɗi suka saurara. Babu dariyar nan da aka san shi da ita. A ƙarshe fim ɗin ya bar mai kallo da wani tunani: sojan nan da ba a san ko wane ne ba, wanda aka zaɓi gawarsa cikin 1920 aka binne a tsakiyar Faris don ya wakilci duk waɗanda suka mutu, me zai hana ya kasance ɗaya daga cikin waɗannan?

A makon da fim ɗin ya fito abubuwa biyu suka faru. Na farko, a wata hira da jaridar Le Parisien, Omar ya nuna mamakin yadda yaƙin Yukiren ya girgiza mutane alhali yaƙe-yaƙen Afirka ba su girgiza su haka ba. Nan take aka yi masa ca. Wata tsohuwar minista ta tuna masa da sojojin Faransa da suka mutu a yankin Sahel, wannan kuwa hujja ce da za a iya zama a tattauna. Amma waɗansu butulu suka kira shi, suna cewa ƙasar da ta ba shi kome yake zagi. Ba a kiran ɗan gida butulu don ya faɗi ra'ayinsa a kan al'amarin gidansu, baƙo ake gaya wa haka. Mutumin da aka haifa a Trappes, wanda ya ɗaukaka sunan Faransa a duniya, ya sami amsar tambayar da ya yi cikin Chocolat, aƙalla daga bakin waɗansu. Ba kuma karo na farko ke nan ba, domin ya sha irin wannan suka a 2020 da ya rubuta kira a kan cin zalin da 'yan sanda ke yi.

Na biyu, gwamnati ta ba da sanarwar cewa ragowar tsofaffin sojojin, waɗanda dā sai sun zauna wata shida a Faransa kowace shekara kafin a biya su kuɗin tsufa, suna iya komawa ƙasashensu ba tare da an yanke musu ba. Cikin watan Afrilu na 2023 tara daga cikinsu, dukkansu tsofaffi tukuf, suka sauka a Senegal. Ba fim ne kaɗai ya jawo haka ba. Aïssata Seck, jikar wani tsohon soja, ta yi shekaru tana bin ofisoshi a kan maganar, hannu ɗaya kuwa ba ya ɗaukar jinka. Amma fim ɗin ya sa kunyar ta fito fili a lokacin da ba a iya kau da kai.

Nasarar mutum ɗaya ba ta nufin ƙofa ta buɗe wa kowa. A 2018, shekara shida bayan lambar César ɗin Omar, 'yan wasa mata baƙar fata su 16, ƙarƙashin jagorancin Aïssa Maïga, suka fitar da littafi suna bayyana yadda har lokacin ba a kiransu sai in ana neman mai aikatau ko karuwa ko baƙuwar haure. Ana iya ma amfani da sunan mutum irin Omar a rufe bakin masu kuka, a ce ga naku nan ya samu.

Abin da ke hannunsa dai shi ne zaɓin labarin da zai sa fuskarsa a kai, kuma a nan ne za a auna shi. Farin jini aro ne, masu shi suna iya karɓe abinsu ran da suka ga dama, kamar yadda aka yi wa Rafael. Da Omar Sy ya so, da ya ci gaba da fitowa a Driss har tsufansa, ba mai ce masa butulu. Sai ya ɗauki aron ya biya bashin direba da mai shara da makiyayin da aka kai ramin yaƙi, mutanen da ƙasar ta ci guminsu ba ta riƙe sunayensu ba. Kyan ɗa ya gaji ubansa, in kuwa bai gaji sana'arsa ba, to ya riƙe harshensa da labarinsa.